Ya Kai Rabi? Auna Guntayen Lambobi a Lissafin Makarantun Firamare

Batun da wannan lacca za ta yi bayani a kai ƙarami ne a ido, watau yadda yaron firamare zai gane wanne ya fi yawa tsakanin 3/8 da 4/7, ko tsakanin 5/6 da 7/8. Irin waɗannan lambobi Larabawa na kiransu da sunan da ya samo asali daga kalmarsu ta karya abu, haka ma sunan da Turawan Ingila da na Faransa suka gada daga Latin. A nan za a kira su guntayen lambobi, don a bambanta su da cikakkun lambobi na ƙirga, irin su 1 da 2 da 50. Lambar da ke bisa layi za a ce da ita lambar sama, ta ƙarƙashin layi kuwa lambar ƙasa.

A shekarar 1978 an yi wa yara 'yan shekara 13 a Amurka wata tambaya a cikin jarrabawar da ake shiryawa don auna ci gaban ilmi a ƙasar. Aka ce su ƙiyasta abin da zai fito idan aka tara 12/13 da 7/8, ba tare da sun tsaya dogon lissafi ba, aka kuma jera musu amsoshi su zaɓa: 1, ko 2, ko 19, ko 21. Kashi 24 cikin 100 kaɗai suka zaɓi 2, wadda ita ce daidai. Fiye da rabinsu sun tafi ga 19 ko 21, watau wasu sun tara lambobin sama, wasu sun tara na ƙasa. Waɗannan yara sun yi shekaru ana koya musu ƙa'idojin tarawa da ɗebewa, kuma da yawansu da an ba su fensir da lokaci da sun yi aikin. Abin da suka rasa shi ne su dubi 12/13 su ga cewa saura ƙiris ya cika ɗaya, su dubi 7/8 su ga shi ma haka ne, sa'an nan su ce abu biyu da kowanne ya kusa ɗaya ba za su haura biyu ba. Wanda ya ce 19 bai ɗauki 12/13 a matsayin lamba guda mai nata girma ba. Lambobi biyu ya gani, ɗaya a kan ɗaya.

Dalilin wannan ba boyayye ba ne. Tun kafin yaro ya shiga makaranta ya riga ya san tara ta fi biyar, goma ta fi tara, kuma wannan sani bai taɓa ba shi kunya ba. Ranar da aka rubuta masa 4/9 da 3/5 a allo, sai ya yi abin da ya saba: huɗu ta fi uku, tara ta fi biyar, saboda haka 4/9 ya fi yawa. Ba wauta ya yi ba, ƙa'ida ce mai kyau ya kai ta inda ba ta aiki. Masu nazarin tunanin yara sun daɗe da lura da wannan hali na rinjayen cikakkun lambobi, kuma sun same shi a ƙasashe dabam-dabam, har ga manya.

Yadda ake karanta guntun a aji ma yana da nasa laifin. Idan aka ce "huɗu bisa tara", abin da aka faɗa wa yaro shi ne inda kowace lamba take zaune a kan takarda, ba a faɗa masa komai game da ma'anarta ba. Amma idan aka ce "kashi huɗu cikin tara", an gaya masa cewa an kasa abu tara an ɗauki huɗu. Furuci na farko ya fi sauri, shi ya sa ya kama bakin malamai, kuma ba za a iya raba su da shi ba. Sai dai ya kyautu a fara da na biyun, a daɗe a kansa, kafin a koma ga gajeren.

Matsayin rabi

Hausa na da jerin sunaye na guntaye: sulusi, rubu'i, humusi, sudusi, subu'i, sumuni, tusu'i, ushuri. Dukkansu aro ne daga Larabci, sun shigo ta hanyar karatun fiƙihu, musamman babin gado da na zakka, kuma ban da sulusi da rubu'i da ushuri, sauran ba su cika fita daga zauren malamai ba. Daga baya Ingilishi ya ba da kwata. Kalma ɗaya ce a jerin ba ta aro ba, ita ce rabi, 'yar uwar raba da rabo. Larabci na da tasa kalmar, malamai kuma sun san nusufi, amma ba ta iya ture rabi daga bakin mutane ba. Abin lura kuma, rabi ba ta da wata alaƙa da kalmar biyu, kamar yadda a Larabci da Ingilishi da Faransanci kalmar rabi ba daga sunan biyu aka ciro ta ba, alhali kuwa sulusi daga ukun Larabci yake, rubu'i daga huɗu. Wannan na nuna cewa mutane sun san rabi tun kafin su tsara lissafin guntaye. Yaron da ba a taɓa koya wa komai ba ya san idan an ba shi abin da bai kai rabi ba, zai kuwa yi ƙara.

To, wannan tsohon sani shi ne ake so malami ya mai da shi ma'auni. Maimakon a gwama guntaye biyu kai tsaye, sai a kai kowanne gaban rabi a yi masa tambaya ɗaya: ya kai, ko bai kai ba, ko ya wuce? Alal misali 3/8 da 4/7. Rabin takwas huɗu ne, uku kuwa ba ta kai huɗu ba, ashe 3/8 bai kai rabi ba. Rabin bakwai uku da rabi ne, huɗu ta ɗara haka, ashe 4/7 ya haura rabi. Magana ta ƙare, 4/7 ya fi yawa. Wanda ya bi ta hanyar daidaita lambobin ƙasa sai ya nemo 56, ya mai da guntayen 21/56 da 32/56, ya iso wuri guda bayan ya ninka sau huɗu, kuma a kowace ninkawa yana iya yin kuskure. Haka 4/9 da 3/5 da suka ruɗi yaron ɗazu: huɗu ba ta kai rabin tara ba, uku ta wuce rabin biyar. Wanda lambobinsa suka fi ƙanƙanta shi ne babba.

Wurin da yara kan yi tuntuɓe a nan shi ne inda lambar ƙasa ba ta rabuwa biyu daidai, irin su bakwai da tara. Wasu malamai kan kauce wa wannan su ce a ninka lambar sama sau biyu a gwada ta da ta ƙasa, misali 17/35: sau biyu na 17 shi ne 34, bai kai 35 ba, saboda haka bai kai rabi ba. Dabarar daidai take, amma idan aka ba yaro ita tun farko sai ta zama wata hadda kuma, a koma gidan jiya. Ba yaron da ya taɓa raba alewa bakwai da ƙanensa da zai kasa gane uku da rabi.

Idan guntayen biyu suka faɗa gefe ɗaya na rabi, aikin bai lalace ba, tambaya ce ake ƙarawa: da nawa ya wuce? A ɗauki 5/8 da 7/12. Na farko rabi ne da ƙarin 1/8, na biyu rabi ne da ƙarin 1/12. Yanzu abin ya koma kan ƙarin. Wanne ya fi girma, kashi ɗaya na abin da aka kasa takwas, ko kashi ɗaya na abin da aka kasa goma sha biyu? A nan ne ake gane ko yaro ya riƙe tushen al'amarin, watau cewa gwargwadon yawan masu rabo, gwargwadon ƙanƙantar rabon kowa. Wannan ba baƙon abu ba ne ga yaron da ke cin tuwo a kwano ɗaya da 'yan uwansa. Wanda ya gane shi zai ce 5/8 ya fi yawa, zai kuma iya faɗin dalili.

Saura nawa ya cika

Ma'auni na biyu shi ne ɗaya cikakke. A nan ma harshe ya riga makaranta. Bahaushe bai cika son cewa goma sha tara ba idan yana ƙirga, sai ya ce ashirin ba ɗaya, goma sha takwas kuma ashirin ba biyu. Tsofaffi kan ce gaira. Mai duba agogo yakan ce ƙarfe uku saura kwata. A duk waɗannan an tsaya ne a kan cikakkiyar lamba aka faɗi abin da ya rage a isa gare ta. Yaron da ya tashi da wannan furuci ba zai sha wuyar ganin 7/8 a matsayin ɗaya ba kashi ɗaya ba.

Amma akwai rami a nan, kuma mai zurfi ne. A 2009 wasu masana biyu na Ostareliya, Doug Clarke da Anne Roche, sun buga sakamakon hirar da aka yi da yara 323 'yan aji shida, inda aka riƙa nuna wa kowane yaro guntaye biyu-biyu ana tambayarsa wanne ya fi, da kuma dalilinsa. Sun tarar cewa yaran da ke auna guntaye da rabi, ko suke duba abin da ya rage a cika ɗaya, su suka fi dacewa da amsa. Sun kuma tarar da wani kuskure da ya yawaita: a nuna wa yaro 5/6 da 7/8, sai ya ce daidai suke, don kowanne saura ɗaya ya cika. A ƙirgan cikakkun lambobi wannan tunani ba shi da aibu, gama ɗayan da ke cikin ashirin ba ɗaya daidai yake da ɗayan da ke cikin talatin ba ɗaya. A guntaye kuwa ba haka ba ne. Abin da 5/6 ya rasa sudusi ne, abin da 7/8 ya rasa sumuni ne, sudusi kuwa ya fi sumuni girma. Wanda aka gutsure wa kaɗan shi ya fi saura, saboda haka 7/8 ke gaba. Malamin da ya ji yaro ya ce "saura ɗaya" kada ya bar shi ya rufe baki sai ya tambaye shi: ɗayan me?

Wannan kuskure yana da wuyar kamawa domin sau da yawa yakan kai yaro ga amsar gaskiya ta hanyar ƙarya. Idan aka ba shi 3/4 da 5/9, zai ce na farko saura ɗaya, na biyu saura huɗu, don haka na farko ya fi. Amsar daidai ce, malami ya ba shi maki, kuskuren ya ƙara samun gindin zama. Sai ranar da aka kawo 3/4 da 7/9 asiri zai tonu, domin 7/9 ne babba ko da yake saura biyu gare shi: abin da 3/4 ya rasa rubu'i ne, watau 2/8, na 7/9 kuwa 2/9, wanda bai kai 2/8 ba. Shi ya sa jarrabawar da ke neman alamar ya fi ko bai kai ba kawai, ba ta neman dalili, ba ta nuna wa malami abin da ke cikin kan yaro.

Akwai sharaɗi guda da dukkan wannan bayani ya rataya a kansa, shi ne abin da ake kasawa ya zama ɗaya. Rubu'in buhun gero ya fi rabin mudu nesa ba kusa ba, amma wannan bai sa 1/4 ya fi 1/2 ba. Tsarin manhajar lissafi da aka fitar a Amurka a 2010, wanda jihohi da dama suka karɓa, ya sanya auna guntaye da rabi a aji huɗu, kuma a wuri guda ya gargaɗi malamai da wannan sharaɗi. Haka kuma rabin kasuwa da rabin lissafi ba su zama ɗaya ba. A gida ana cewa wa ya ɗauki babban rabi ya bar wa ƙane ƙaramin, kowa kuma ya gane abin da ake nufi, amma a lissafi rabi ba shi da babba ba shi da ƙarami. Don haka kayan misali na bukatar zaɓe. Goro yakan ɓare biyu, sai dai da wuya ɓarin biyu su zo daidai. Rake kuwa, da malamai ke son kawowa saboda gaɓoɓinsa, mugun misali ne, don gaɓoɓin gindi da na sama ba tsawonsu ɗaya ba. Tsinken takarda da aka naɗe biyu, aka sake naɗewa, ya fi su duka amfani.

Mutanen da suka yi ciniki da sule sun sami wani horo da 'ya'yansu ba su samu ba. Sule kwabo goma sha biyu ne, kuma guntayensa na da sunaye a bakin kowa: sisi rabi, taro rubu'i, nai kashi uku cikin huɗu, ahu kuwa, watau kwabo da ɗari, sumunin sule. Kwabo huɗu sulusi ne cif. Yarinya mai tallan ƙosai ta san kwabo biyar bai kai sisi ba, kwabo bakwai ya ɗara shi, ashe tana gwada 5/12 da 7/12 da rabi ba tare da ta taɓa ganin allo ba. Da Nijeriya ta koma naira da kobo ranar 1 ga Janairu 1973, lissafin kuɗi ya yi sauƙi ƙwarai, amma ɗari ba ta rabuwa uku ko shida ko takwas ba tare da saura ba. Abin da ya rage wa malami mai kama da sule shi ne fuskar agogo, inda minti sittin ke rabuwa biyu, uku, huɗu, biyar, shida, goma da goma sha biyu. A kanta 5/12 minti 25 ne, 2/5 minti 24, dukkansu ba su kai da rabi ba, yaro kuma yana iya ganin tazararsu da idonsa.

Iyakar ma'auni

Ba kowane guntaye biyu ma'auni ke iya raba wa gardama ba, kuma bai kamata a ɓoye wa yara wannan ba. A ɗauki 8/13 da 11/18. Dukkansu sun wuce rabi, dukkansu ba su kai 2/3 ba, bambancinsu kuwa kashi ɗaya ne cikin 234. Nan ba makawa sai an daidaita lambobin ƙasa, a sami 144/234 da 143/234. Saboda haka ba wanda ke cewa a daina koyar da daidaitawa. Abin da ake jayayya a kai shi ne wanne za a fara da shi. Yaron da aka fara ba shi ninka gicciye, watau ya ninka saman wannan da ƙasan wancan, zai riƙa cin jarrabawa alhali bai san ko 8/13 ya fi kusa da sifiri ko da ɗaya ba, kuma ranar da ya manta ta wane gefe ake rubuta amsa ba shi da abin da zai kama. Wanda ya fara da ma'auni, idan ya zo ga daidaitawa ya san abin da yake nema, ya kuma san kusan inda amsar za ta faɗa.

Babban amfanin ma'auni ma ba a wajen gwamawa yake ba, a wajen binciken amsa yake. Kuskuren da ya fi kowanne yawa a tara guntaye shi ne yaro ya tara sama da sama, ƙasa da ƙasa, ya rubuta cewa 1/2 da 1/3 sun ba da 2/5. Jan biro ba ya warkar da wannan, gobe zai sake. Amma idan aka tambaye shi ko 2/5 ya kai rabi, ya duba ya ga bai kai ba, sai a ce masa: kana da rabi, aka ƙara maka sulusi, yaya aka yi abin hannunka ya ragu? Yaron da ya ji kunyar wannan tambaya sau ɗaya ya sami abin da zai riƙa tuhumar amsarsa da shi ko malami ba ya nan.

Malaman gado sun daɗe suna aiki da irin wannan ido. Akwai sananniyar mas'ala ta mutumin da ya rasu ya bar mata, da 'ya'ya mata biyu, da uwa da uba. 'Ya'yan suna da kashi biyu cikin uku, uwa sudusi, uba sudusi, matar kuwa sumuni. Gogaggen malami ba ya bukatar alƙalami kafin ya ga matsalar: sudusi biyu sulusi ne, sulusi da kashi biyu cikin uku sun cika ɗaya, ashe dukiya ta ƙare tun ba a zo kan sumunin matar ba. Daga nan ne ake zuwa ga lissafi, a ga rabon ya tashi 27/24, a yi abin da ake kira auli, a kasa dukiyar 27 maimakon 24, sumunin matar ya koma tusu'i. Ganin cewa jimla ta haura ɗaya shi ya zo da fari, lissafin ya biyo baya.

Ba a banza ake damuwa da wannan ɗan fanni ba. A 2012 Robert Siegler na Jami'ar Carnegie Mellon da abokan aikinsa sun bi bayanan dubban yara na Birtaniya da Amurka, suka tarar cewa sanin da yaro ya yi wa guntaye da rabawa yana ɗan shekara goma ko kusa da haka yana nuna yadda zai yi a aljabara bayan shekara biyar ko shida, ko da an cire tasirin arzikin iyaye da ilminsu da ƙwarewar yaron a karatu. Aljabara kuwa ita ce ƙofar kimiyya da injiniya da likitanci, kuma yaron da aka rufe masa ita a aji huɗu ba ya sanin an rufe sai ya kai sakandare.

Kayan aikin da malami ke bukata ba su fi ƙarfin kowace makaranta ba. Igiya ce za a ɗaura daga wannan ƙusa zuwa waccan a gaban allo, a rataya sifiri a wannan baki, ɗaya a wancan, a naɗe igiyar biyu a gaban yara don su ga inda rabi ya faɗa. Sai a raba musu 'yan katuna, wannan 2/9, wancan 6/11, wani 9/10, wani 7/14, kowa ya fito ya maƙala nasa inda yake ganin ya dace, ya faɗi dalili da Hausa, 'yan aji su yarda ko su musa. Mai 7/14 zai tarar wurinsa a kan rabi sosai, daga nan batun guntaye masu suna dabam da girma ɗaya ya buɗe da kansa. Bayan kwana biyu sai a ƙara wa igiyar tsawo zuwa biyu, a miƙa wa wani yaro katin 9/8, a ga ko zai yarda ya tsallake ƙusar ɗaya.